Kalmar da Na Kawo wa Babana

Hutu ya zo, na sauka tashar Tawa
da jaka ɗaya, littafi uku,
da kalma guda da na riƙo tun daga Yamai
kamar ƙwai a tafin hannu.

Na iske babana Asumana a rumfarsa,
basilla a baki, jar fata a cinya.
Ya ce, "Habsu, shekara biyu a ƙetaren kogi,
me suka ba ki da hannu zai iya taɓawa?"

Na ce, "Kiral."
Ya ce, "In kira wa?"
Na ce, "Ba kira ba, baba, kuma ba ƙira ba.
Kalmar Girkawa ce, saiwarta hannu.
Ajiye basilla. Haɗa tafi da tafi.
Ka ga sun dace, kamar mutum da fuskarsa a madubi.
To, ɗora wannan a bayan wancan."

Ya ɗora.
Babban yatsa ɗaya ya dubi gabas,
ɗan'uwansa ya dubi yamma.
Ya juya, ya murɗa, ya yi tsaki.
Na ce, "Duk abin da ya ƙi hawa daidai
kan hotonsa na madubi,
shi ake ce wa kiral."

Ya yi dariya har tari ya sarƙe shi.
"Takalmi ke nan!
Hula ba ta da hagu, ƙwarya ba ta da dama,
amma bara waccan, daren jajibiri,
fitila na mutuwa, ido na yaji,
na yanka wa Ango mai gishiri ƙafar hagu biyu.
Fata ɗaya, zare ɗaya, awo ɗaya,
ya je Idi yana tafiya kamar agwagwa."

Na sayi lemun tsami biyu wajen yarinyar maƙwabta,
na soka wa kowanne tsinke huɗu.
A kan tsinken: maɓalli, wuri,
guntun jar fata, guntun koriya.
"Lemun nan ƙwayar karbon ce, ido ba ya ganinta.
In hannayenta huɗu sun riƙe baƙi huɗu,
babu mai kama da wani,
to, hanyar zamansu biyu ce.
Tagwayen sunansu enantiyoma.
Nauyinsu ɗaya, zafin da ke narkar da su ɗaya.
Sai an tace haske an ratsa su da shi
wannan ya karkata shi dama,
wancan ya karkata shi hagu.
In ka gauraya su rabi da rabi, rasemik ke nan:
haske ya wuce abinsa a miƙe,
kamar shaidu biyu da suka ƙaryata juna."

"Amfaninsa fa?"
"Jiki ƙafa ne, baba, magani takalmi.
Wani na dama ya shiga ya warkar,
tagwayensa ya tsaya a bakin ƙofa,
ko ya shiga ya yi kanta."

Sai na faɗi wadda na ɓoye tun a mota.
"Tubalin da aka gina tsokarka da shi,
masana sun sa wa kusan dukansa alamar hagu."

Bai ce komai ba.
Na san ya tuna tsumman da yake ɗaure min hannu da shi
ina ƴar shekara biyar, gaban akushin tuwo,
don bahaguwa ba ta cin abinci a gidansa.

Ladan ya kira la'asar.
Ya ɗauki lemun biyu, ya daɗe yana juya su,
wuri ya faɗi, ya tsince, ya mayar.
Ya miƙo min basilla ba tare da ya dube ni ba,
ta gefen da ban zata ba.
"Riƙe min bakin fatar nan.
Yaya kika ce sunan abin? Sake faɗi,
a hankali, Illa tela zai tambaye ni."