Tumbi Ya Cika

Duk sanda Mujittafa ya kai bakin raga
sai tabulet ɗin ya ɗauke wuta,
wasan ya tofo shi waje
kamar ƙwallon goruba.

Mun kashe, mun kunna.
Mun zuba data, mun sabunta manhaja,
har katanga ya hau neman sabis.
Shiru, malam ya ci shirwa.

Ran Laraba na goya shi a babur
zuwa rumfar Ukashatu, can Ƙofar Ƙaura.
Ya latsa, ya yi tsaki:
"Ƙoshi ne ciwonsa.
Tumbi ya cika, ina wasa zai miƙe ƙafa?
A rage kaya."

Ya buɗe rumbun.
Muryar Inna ce maƙil,
saƙo ɗari uku da ɗoriya,
tana tambayar ko mun ci tuwo,
tana faɗan wa ya bar ƙofa buɗe.
Bara da azumi muka kai ta Ɗantakum.

"In goge?"
Yatsansa na rataye a sama.

Yaron ya daɗe yana kallon 'yan ƙwallonsa.
"Kawu, akwai fili bayan makarantarmu.
Goge wasan."