Takardar Litinin

Uban Desmond Thackray gwanjon kifi yake yi a Hull,
tun duku-duku, hannu cikin ƙanƙara.
Can yaron ya koyi abin da jami'a ta sake sayar masa da tsada:
farashin hantsi ba shi ne na la'asar ba,
kuma kifin da ya fi sheƙi, shi ake fara sunsunawa.

Na iske shi yana da hamsin da huɗu,
hawa na talatin da ɗaya, Canary Wharf,
inda kogin Tems ke kwance can ƙasa kamar zaren da tela ya yar.
Ni ɗan Funtuwa, da digirin lissafi da kwat ta aro.
Bai dubi takarduna ba.
Ya ce, me tsohonka ke nomawa?
Na ce, auduga.
Ya ce, ashe ka san shekarar da kowa ya shuka ta.
Zauna.

Sana'arsa faɗin inda kuɗi za su kwana.
Ba nasa ba: fanshon direbobin bas,
na malaman firamare, na wata tsohuwa a Leeds
da ba ta taɓa jin sunansa ba.
Duk Litinin shafi biyu, da fensir yake farawa,
manyan banki su karanta kafin shayinsu ya huce.

Shekarar da bashin gidaje ya zama zuma,
kowa hannu dumu-dumu har gwiwa,
shi kaɗai ya rubuta: ku sayar.
Wata goma sha tara ana yi masa dariya.
Jarida ta laƙa masa Mujiya.
Masu jari suka kwashe nasu, ɗaya bayan ɗaya,
har wayar teburinsa ta koyi kurumta.
Ni ma, Allah ya sani, na nemi aiki a ɓoye.

Ranar da katangar ta zube
mun tsaya a taga muna kallon masu kwat a titi,
kowa rungume da kwalinsa, hoton 'ya'ya a sama.
Na juyo in ga murmushinsa.
Burodi da cuku yake ci, a hankali,
yana tsince ɓurɓushi daga kan lissafin.

Daga nan sai talabijin, sai taro a Zurich,
sai furfurarsa a bangon mujalla.
An ce wanda maciji ya sara, tsumma ma gudunsa yake.
Shi ba a sare shi ba. Hango macijin ya yi kafin kowa,
aka tafa masa,
sai kowace igiya ta fara motsi a idonsa.
Shekara shida yana cewa hadari ya haɗo,
shekara shida rana na ƙwallewa,
kasuwa na hawa, ta bar mu a gindin tsani.
Wata Alhamis ya sa na auna masa
abin da tsoronsa ya rage daga fanshon tsohuwar Leeds.
Na miƙa. Ya cire tabarau, ya daɗe yana gogewa.

Takardarsa ta ƙarshe ba ta cika shafi ba.
Layin farko: Na yi kuskure.
Aka ba shi agogo, mutumin da ya yi saɓanin lokaci.

Yanzu yana Hornsea, bakin teku,
da albasa jere uku da kujerar Glenys da ba mai zama.
Fensirinsa yana teburina.
Na je masa a jirgin ƙasa cikin kaka,
na ce, malam, kasuwa ta sake yin zaƙi, me zan rubuta?
Bai amsa ba. Ya ja ni wurin mai kifi,
ya ɗago wani mai sheƙi, ya kai hanci, ya yi jim,
sannan ya miƙo mini.
Ya ce, nawa ya tsufa. Kai me ka ji?