Kashi Goma Sha Takwas

Shekara talatin da ɗaya babana Amilkar yana aski
a bayan tashar jirgin ƙasa ta Campanhã,
a birnin Porto, inda ruwan sama ba ya sallama.
Hannunsa na dama ya san haɓar kowa a unguwa,
ya san inda tsohon tabo yake, ya kauce masa ko a duhu.

Wata Talata da sanyin safiya
motar kifi ta sulɓe a kan duwatsun titi,
ta kwashe shi da kekensa da burodin da ya sayo.
Burodin ko ƙwarzane bai yi ba.
Hannun ne ya shiga ƙarƙashin taya.

Wata bakwai ina rungume da shuɗiyar jakar takardu:
hoton ƙashi, rasit ɗin tasi, rahoton 'yan sanda
da ya ɓata sunanmu,
sai da muka yi sawu uku kafin a gyara harafi ɗaya.

Likitan inshora mutum ne mai fara'a.
Matse wannan ƙwallo. Babana ya matse.
Ɗaga yatsu. Biyu suka ɗaga,
uku suka yi kunnen uwar shegu.
Ya auna, ya buɗe littafi, ya bi layi da bakin biro,
ya rubuta: kashi goma sha takwas cikin ɗari.

A cikin bas babana ya ce,
Benedita, goma sha takwas na mene ne?
Na ce, na mutum.
Ya yi shiru har muka hau gadar Douro,
sannan ya ce, to sauran tamanin da biyun fa,
wa zai gaya musu su tashi su buɗe shago?

Kamfani ya taya, muka ce albarka.
Ya ƙara kaɗan, kamar mai cinikin tsohon keke.
Lauyarmu Graciete ta ce a daure,
aski ya zo gaban goshi.
Babana ya yi dariya, ta farko tun ranar:
Ni za a gaya wa aski?
Ai nan ne ya fi zafi.

Kuɗin sun shigo ranar wata Juma'a, babu ko ƙara,
lambobi kawai a fuskar waya.
Muka biya bashin haya, muka toshe rufin da ke yoyo,
muka sayi maganin mama na shekara.
Da dare na ji shi a kicin
yana kokawa da murfin kwalbar zaitun.
Ban fito ba. Shi ma bai kira ba.

Asabar ta uku da sake buɗe shago,
ba kowa a benci sai jarida,
wani saurayi ya tsaya a ƙofa, hula a hannu,
rigarsa tana ƙarnin kifi.
Na gane shi tun daga kotu. Telmo.
An sallame shi daga tuƙi, yanzu ƙanƙara yake ɗauka a bakin teku.
Bai ce a yafe ba. Ya riga ya faɗa sau ɗari,
har kalmar ta suɗe.
Ya hau kujera, ya kwantar da kai,
ya miƙa maƙogwaro.

Babana ya daɗe yana kallonsa ta madubi.
Ya kaɗa kumfa. Ya wasa aska a jikin fata
da hannun hagu, wanda bai taɓa koyo ba,
yana rawa kamar ganye.
Ni kuwa na riƙe tsintsiya, numfashi ya ƙi fita.

Minti arba'in a kan aikin minti goma.
Ya yanke shi a wuri biyu, ƙanana,
ya danna masa alam, yaron ko motsi.

Da ya zaro kuɗi, babana ya karɓa,
ya ƙirga, ya ba shi canjinsa cif.
Ya ce, gemunka na saurin tsiro.
Kada ka wuce Asabar.