Tafinta a Kotun Adum

Shekara goma sha tara ina ara wa mutane baki
a wannan ɗaki mai fanka ɗaya, ita ma ɗingishi take.
Hausa ta shiga kunnena, Turanci ya fita,
wani sa'in Tonanci ya ratsa tsakani
kamar mai tallan ruwa a cunkoson Kejetia.

Talata aka kira ƙarar Mardiya da Sha'aibu.
Na san fayil ɗin tun ruwan farko:
firizar da take daskarar da lamurje a Aboabo
ya kai Alabar ya sayar ba da saninta ba,
sidi dubu biyu da ɗari huɗu,
ya zuba a gyaran keken haya da bai sake tashi ba.
Da ta tare ƙofa tana neman ba'asi
ya ture ta,
wuyan hannunta ya goce a bakin murhu.

Yau a tasi ɗaya suka iso.
Limamin layinsu na biye, riƙe da takardar sulhu,
kawunta ya dangwala yatsa, yayansa ya dangwala,
shuɗin tawada bai ma gama fita ba.
Ɗan sanda mai gabatar da ƙara ya miƙe
da muryar wanda aka rage wa kaya:
mai ƙara na roƙon a janye.

Alƙaliya ta sauke tabarau zuwa kan hanci.
Tambaye ta, wani ya matsa mata?
Na tambaya.
Babu.
Tambaye ta, an biya ta?
Ya ɗauko wata firizar bashi, da sunana a rasit.
Tambaye ta, ta yafe masa?

Mardiya ta dubi fankar nan,
ta dubi takalmin mijinta da ya sha goga,
ta murza wuyan hannun da yatsa biyu
kamar mai duba nunar mangwaro.
Ta ce: na haƙura.

Nan harshena ya yi tuntuɓe.
Yafewa ai wanke ƙwarya ce a kife ta bushe.
Haƙura kuwa rufe ta ne da faifai
da sauran abin a ciki,
a tura ƙarƙashin gado saboda yara na kallo.
Na lalube Turancina kaf, aljihu da aljihu,
ban sami kwanon da zai ɗauki kalmar ba.
Biron alƙaliya na tsaye a iska,
ƙara ashirin na jira a waje,
liman ya kafe ni da ido.

Na faɗi wadda ke rufe fayil.

An kashe magana. An sallami wanda ake tuhuma,
an ja masa kunne da murya mai sanyi.
Sha'aibu ya durƙusa har hularsa ta faɗi,
kuma, in faɗi gaskiya, kukansa ba na kotu ba ne.

Ta taga na gan su a bakin titi, yayyafi ya soma.
Ya buɗe laima, rabinta ya fi yawa a kanta.
Da za su tsallaka ya miƙo hannu ya kama nata,
ta janye wancan,
ta ba shi ɗayan.

Da dare, a Asawase, Lantana ta ajiye mini tuwo.
Shekararmu ashirin da shida.
Na ce, cikin biyun nan ke wacce kika yi mini?
Ta daɗe tana kankare gindin tukunya.
Ta ce, kai ne tafinta.
Ci, kafin ya huce.