Maƙwabtan Ƙanƙara

Kuran ya tafi tun azahar.
Firigo uku sun yi tsit kamar gidan makoki,
ni ko ina ƙofar shago a Mokoyo
ina sauraron jarina yana ɗiga,
ɗis, ɗis, cikin bokitin roba.

Sai ga Laure, ƙanwata, daga jami'a,
da ledar ƙasar Gulbi a ƙugu.
Ta ce, yaya, bar ƙirga asara, dubi nan.
Cikin wayarta wani ɗigo ne ja-ja,
ƙafa takwas, baya kamar ƙoƙon tuwo a kife.
Na ce kaska ce.
Ta ce dangi ne, amma wannan ba ta shan jinin kowa,
kuma ko ƙwayar gero ta fi ta sau nawa.

Can ƙarshen duniya take,
inda ƙanƙara ba ta da mai saye,
inda rana kan yi watanni ba ta leƙo ba.
Ba bisa ƙanƙarar take kwana ba,
sai ɗan tsakuwar da farin ya manta bai rufe ba,
fili kamar shimfiɗar buzu ɗaya.
Nan take kiwon gansakuka
a gindin kashin tsuntsayen teku.

In sanyi ya sauko sai ta naɗe ƙafafu.
Ba ta mutu ba, ba ta gudu ba,
ta dai ajiye kanta, kamar iri a rumbu.
Laure ta ce takan kwashe shekaru kafin ta girma.
Shekaru, don jikin da tsinin allura zai ɓoye!

Na dubi hannuwana da sanyi ya tsattsage.
Shekara goma sha ɗaya ina saran ƙanƙara,
ina ɗaure ta a buhu da dussa,
ina tsere da rana zuwa tashar Tibiri,
ban taɓa tambayar ko tana da maƙwabta ba.

La'asar ta yi, wuta ba ta dawo ba.
Nomau mai lemu ya zo, ya koma hannu wofi.
Na ɗauki bokitin na juye bayan shago
inda ƙasa ke zama danshi ko a watan bazara.
Na durƙusa, na tsinci ɗan mitsitsi da yatsa biyu,
na miƙa wa Laure.
Na ce, gobe ki sa a madubinku,
ki gaya mini wa nake shayarwa
duk ranar da na yi asara.