Gula Biyu Daga Holan

Sunansa Wouter. Bakinmu ya kasa,
sai mahautan Sabon Gari suka mai da shi Wuta.
Bai ƙi ba. Dogo ne, jawur, kunnen hagu ya mutu,
mai son magana da shi sai ya zagayo ta dama.

Matarsa ce ta zo Samaru auna ƙasar noma,
shi ya biyo ta da akwati bakwai,
ba riga a ciki, ba littafi,
ganguna ne, da faya-fayan tagulla kamar marufan tukunya.

Shekara goma sha tara, in ji shi, yana bayan mota,
gari zuwa gari, yana dukan rok har kunne ya tafi,
daga baya ya koma jaz,
inda akan bar shiru ya faɗi nasa.
Mu ba mu san ko ɗaya ba. Kalangu muka sani.

Ran da fatar ƙaramar gangarsa ta yage
aka nuno masa zauren babana,
Nomau, makaɗin mahauta.
Baba ya shafa yagaggen, ya shinshina,
ya ce, wannan ba ta taɓa cin ciyawa ba.
Ya rufa mata fatar ɗan akuya,
ya shanya ta a katanga kwana biyu.

Wuta ya zauna ya gwada:
ɗaya, biyu, uku, huɗu.
Baba ya ce, bashi kake bin ta da kake ƙirga?
Ganga magana take, saurara.
Ya matse tsarkiya a hammata,
kalangu ya kira Sarkin Fawa da sunan kakansa,
daga can rumfa mutum ya ajiye wuƙa ya ɗaga hannu.

Damina biyu yana zuwa a kan keke.
Ran da ya ce zai yi kirarin da kansa
hammata ta saki inda ya kamata ta matse,
kalangu ya ce Sarkin Fawa ya ci bashin tsire.
Har masu wankin hanji sai da suka riƙe ciki.
Shi ma ya yi dariya,
bayan na zagaya dama na faɗa masa.

Ni ke ɗaukar masa akwati zuwa kulob daren Asabar,
ladana sule biyu da kwalbar lemo.
Can ya nuna mini 'yar tsintsiyar waya
da ake shafa fata da ita, ba duka,
sai ka ji yayyafin farko a kan kwanon ɗaki.
Na kai wa Baba labari. Ya daɗe bai tanka ba,
can ya ce, ashe shi ma yana da abin da ya sani.

Suka tafi shekarar da Kubanni ta ci gadar katako.
Baba ya rasu. Kalangun na rataye, gara ta fara kangon.
Ni na zama mai walda a Kwangila,
ƙarfe nake duka, ba ya kiran kowa.

Bara aka kira ni gidan waya.
Ƙunshi ne siriri, da takardar 'yarsa,
wani malamin makaranta ya karanta mini:
hannu ya yi ta rawa a ƙarshe, cokali ma ya gagara,
amma yatsu ba su bar ƙarfen gado ba,
abu guda suke ta maimaitawa, ba wanda ya gane.
Ta zana mini shi, ɗigo da layi.

Gula biyu ne a ƙunshin, bakinsu ya cinye.
Na kifa bokiti a ƙofar shago, na bi zanen a hankali.
Kirarin Sarkin Fawa ne.
Bashin tsiren yana nan inda ya bar shi.