Shiru Ma Amsa Ce

A gindin Chachani, dutsen da ya taɓa aman wuta,
mahaifina Eleuterio Ccama yana da rami.
Farin dutse ne a ciki, tokar da ta daskare,
irin wanda aka gina tsohuwar Arequipa da shi,
majami'unta, bankunanta,
har ofishin da ya shanya mu.

Ran sha ɗaya ga Maris muka kai takarda.
Ni na cike ta. Hannunsa guduma ya sani,
biro zame masa yake kamar tarwaɗa.
Taswirar fili, rasit, shaidar ruwa, shaidar ƙura.
Aka buga hatimi, aka ce kwana talatin.

Kwana talatin suka haihu,
'ya'yansu ma suka haihu.
Mai taga ta uku ya ce fayil yana sama.
Na sama ya ce injiniya ya tafi hutu.
Injiniya ya dawo, aka sauya shugaba,
sabon shugaba bai san an haife mu ba.
Guduma da kurfi suka kwanta ƙarƙashin gado.
Tsatsa ce kaɗai ta zo aiki a kan lokaci.

Baba ya koma dakon albasa a kasuwa,
mutumin da ke shafa dutse da tafin hannu
ya gaya maka inda zai tsage.

Ofishin lauya Nélida Apaza yana saman mai gasa kaji,
kowane fayil nata ƙamshin hayaƙi yake.
Keken ɗinkin Mama ne ya biya ta.
Ta ƙirga kwanakin a kalanda da bakin cokali,
ta ce, "Shirun nan nasu, doka ta raɗa masa suna.
Za mu aika musu tuni a rubuce, da shaida.
In suka sake haɗiye harshe, sai kotu.
Ba dutse za mu roƙa wurin alƙali ba,
bakinsu za mu ce ya buɗe."

Baba ya ce, "In suka buɗe suka ce a'a fa?"

"A'a tana da kunne, ana kama ta,
a ja ta har kotun gaba.
Shiru ne ba shi da wurin riƙo."

Alƙalin mura yake yi ranar.
Lauyan gwamnati ya miƙe da dogon Turancinsu na Sifen:
ƙarancin ma'aikata, yawan fayil, na'ura ta lalace.
Alƙali ya fyace hanci, ya duba hatimin Maris,
ya tambaya ma'aikata nawa ake bukata
kafin a furta kalma ɗaya.
Ba wanda ya yi dariya sai ni, a ciki.
Ya ba su kwana goma.

Ran na tara wani yaro a babur ya kawo ambulan.
An amince.
Mama ta zauna a ƙasa, inda keken yake dā.
Ni na ci gaba da karatu har ƙananan haruffa:
izini na shekara biyu,
daga ranar da aka nema.
Wata goma sha tara sun riga sun tafi a layi.
Saura biyar.

Nélida ta ce wannan ma ana kai ƙararsa.
Baba bai tsaya ji ba.
Ya jawo guduma, ya goge ta da man girki,
asuba ta same shi a bakin rami.
Daga gida ina jin bugun, ɗaya, sai hutu, ɗaya,
ya fi na dā jinkiri, kafaɗa ta saba da albasa.

Ni kuwa na share tebur,
na nemo biro mai rubutu,
na fara cike takardar sabuntawa.
Suna. Sunan uba. Girman fili.
A gurbin kwanan wata na daɗe ban rubuta komai ba.